Ed Sullivan ko Nat King Cole: wanne zan fara ƙona wa data?

Wani ƙanena da ke kaɗa fiyano a situdiyo ne ya tsare ni makon jiya, wai Yaya kullum na shigo ɗakinka sai in tarar kana kallon wasu mutane masu kwat a hoto baƙi-da-fari suna waƙa, ni ma na so in gwada amma da na rubuta a YouTube sai abu ya zubo min kamar an buɗe buhun gero, ban san ta ina zan kama ba, kuma ka san yadda data take yanzu. Na ce masa ja kujera. Abin da na gaya masa ranar shi zan zuba a nan, har da wanda na manta sai da ya tafi na tuna, don na san ba shi kaɗai ne ke son kallon irin waɗannan tsoffin shirye-shiryen waƙa na talabijin ɗin Amurka ba, kuma in mutum bai yi sa'ar farawa da mai kyau ba, daga ranar ya bar su ke nan.

Da farko dai ka san wane irin abu ne. Wajen 1948 da talabijin ya fara kama ƙasa a Amurka, masu tashoshin suna da akwati amma ba su da abin zubawa a ciki, sai suka je suka kwaso mutanen rediyo da na gidajen wasan dandamali, inda a dare ɗaya za ka ga mawaƙi ya fito ya yi nasa ya sauka, mai barkwanci ya hau, mai rawa ya biyo, mai wasa da kare ya rufe. Kamar dai ranar kasuwa a ƙauye, can ga 'yan kama, nan ga gardi da macijinsa, gefe ga mai kalangu, sai dai su sun tara su a ɗaki ɗaya sun kafa kyamara. Kuma kusan duka kai tsaye ake yi, in ka yi tuntuɓe duk ƙasar ta gani. A 1950 gidajen da ke da talabijin ba su kai 10 cikin 100 ba, kafin 1960 sun kusa 9 cikin 10, to a cikin waɗannan shekaru goma aka yi yawancin abin da muke magana a kai.

Abu biyu ka riƙe kafin mu shiga kwatance. Na ɗaya, a lokacin kamfani guda ne ke sayen shiri sukutum, har sunansa ake liƙa wa shirin, Texaco masu man fetur, Chesterfield da Lucky Strike masu sigari, Chevrolet masu mota, Kraft masu cuku. Wanda ya biya kuɗin kiɗa shi ke zaɓar waƙa, in ba ka da kamfani a bayanka to shirinka a iska yake, wannan maganar za ta dawo in mun zo kan Cole. Na biyu hoton. Kafin na'urar naɗar bidiyo ta kamfanin Ampex ta fito a 1956, hanyar ajiye shirin kai tsaye ita ce a kafa kyamarar fim a gaban akwatin talabijin a ɗauki abin da yake nunawa, kineskof suke ce masa. Wato kamar ka ɗauki bidiyon talabijin da wayarka ne. Shi ya sa fuskoki ke yin fari fat, gefen hoton ya yi duhu, wani lokaci kan mutum ya ɗan miƙe kamar gwanda. Kar ka zagi wanda ya ɗora, haka abin yake tun asali, kuma amfanin hakan gare mu shi ne ko ka sauke ingancin bidiyon zuwa ƙasa ba ka yi asarar komai ba, datarka ta huta.

To mu fara da babban, Ed Sullivan. Shirin ya fara ranar 20 ga Yuni 1948 a tashar CBS da sunan Toast of the Town, a 1955 aka mayar da shi sunan mai shi, kuma bai tsaya ba sai 1971, shekara 23 ke nan kowace Lahadi da dare. Abin dariyar shi ne mutumin bai iya komai ba a cikin abin da ake yi a shirin nasa. Ba ya waƙa, ba ya rawa, barkwanci kuma in ya yi sai ka ji tausayinsa. Ɗan jarida ne mai rubuta gulmar gidajen wasa a jaridar Daily News ta New York. Ka kalle shi da kyau in ya fito, kafaɗa a ɗage kamar wuyansa ya shige ciki, ya harɗe hannu a ƙirji ya saki ya sake harɗewa, fuska ba yabo ba fallasa, ya faɗi sunan baƙo wani lokacin ma ya kwafsa sunan, ya miƙa hannu gefe kamar ɗan sanda mai ba da hannu sai labule ya buɗe. Masu kwaikwayo sun ci abinci da shi sosai, har gayyato su yake su zo su kwaikwaye shi a gabansa yana tsaye.

Amma fa yana da hanci. Ya san abin da mutane za su so gani kafin su kansu su sani, in kuma ya makara ya san yadda zai saya. Misalin matashin mawaƙin nan Elvis Presley ya isa. Da farko Sullivan ya nuna ba ya so, yaron rawarsa ba ta dace da shirin iyali ba. Sai Steve Allen na tashar NBC, wanda shirinsa ke karo da na Sullivan a lokaci ɗaya ranar Lahadi, ya kawo shi a Yuli 1956, ya sa masa kwat ya sa shi yi wa wani kare waƙa, kuma a daren ya doke Sullivan a yawan masu kallo. Nan take ra'ayi ya canza, aka biya Elvis dala 50,000 ya fito sau uku. Fitowar farko 9 ga Satumba 1956 mutum kusan miliyan 60 suka kalla, kuma Sullivan ɗin ma ba ya nan yana jinyar haɗarin mota, ɗan fim Charles Laughton ne ya riƙe masa. A ta uku, Janairu 1957, aka hana kyamara sauka ƙasa da ƙugu, sai dai ka ji ihun 'yan mata ka gane ƙafafun na aiki a ƙasa. Sai kuma Beatles, ƙungiyar mawaƙa 'yan Ingila, 9 ga Fabrairu 1964, mutum miliyan 73, ɗakin da ba ya cin mutum 800 amma takardun neman kujera sun kai 50,000.

In tarihi kake so, wato ka ga ranar da wane ya zama wane, babu na biyun Sullivan. Supremes sun yi ta zuwa, James Brown ya zo, Jackson 5 a Disamba 1969 da Michael ɗan ƙarami da hularsa yana waƙa kamar wanda ya yi aure ya rabu sau biyu. Kuma a ba shi haƙƙinsa, tun farkon shirin yana kawo baƙar fata alhali masu talla na kudancin ƙasar na ƙorafi, har sumbatar mawaƙiya baƙar fata Pearl Bailey ya yi a kumatu a gaban kyamara aka yi ta surutu bai fasa ba. Sai dai mutum ne mai son iko, shi ke yanke minti nawa za ka yi da abin da za ka rera. Bo Diddley a 1955 an ce ya yi wata waƙa ya hau ya yi tasa, bai sake taka wurin ba. Bob Dylan a 1963 da aka hana shi waƙar da ya zaɓa sai ya ɗau jitarsa ya kama gabansa tun kafin a fara. A 1967 'yan ƙungiyar Rolling Stones sun yarda sun canza baiti, mawaƙinsu Mick Jagger na rerawa yana juya ido sama don kowa ya san dole aka yi masa, su kuma 'yan ƙungiyar Doors suka ce to, suka hau suka rera yadda yake, aka rufe musu ƙofa.

Matsalar Sullivan ga mai neman kiɗa ita ce a awa guda waƙar da za ka samu ba ta da yawa. Tsakanin mawaƙi da mawaƙi akwai mai juya faranti a kan sanduna, yana ta gudu daga wannan zuwa wancan kar ɗaya ya faɗi, akwai mai magana ba tare da motsa leɓe ba da ya zana ido da baki a dunƙulen hannunsa kamar hannun ne ke magana, akwai wani ɓeran roba ɗan Italiya Topo Gigio da ke roƙon Sullivan ya sumbace shi kafin ya kwanta, dattijo da furfurarsa kuma ya sunkuya ya yi. Ni mai faranti yana burge ni wallahi, na kalle shi ya fi sau biyar kuma har yanzu gabana na faɗuwa in na ga na ƙarshen ya fara layi, amma ba don shi ƙanena ya zo ba. Sa'ar da aka yi ita ce shirin yana da tasharsa ta kansa a YouTube, sun yanka shi gunduwa-gunduwa, waƙa ɗaya minti biyu zuwa uku, sauti a wanke, daga 1965 kuma hoton mai kala ne. Ka zaɓi naman ka bar ƙashin. Illar ita ce kamar gyaɗa ce, ka ce ɗaya za ka kalla sai ka farga ka yi talatin.

Yanzu Nat King Cole. A tsawo ba a ma haɗa su, na Sullivan shekara 23, na Cole wata 13, daga 5 ga Nuwamba 1956 zuwa 17 ga Disamba 1957 a NBC. Ya fara da minti 15 kacal, a tsakiyar 1957 aka ƙara masa zuwa rabin awa. Amma a nan mai gidan shi ne gwanin. Mutane da yawa sun san shi da murya ne kawai, wannan muryar mai laushi kamar man shanu a tuwo mai zafi, ba su san tun kafin waƙa makaɗin fiyano ne na jaz da manyan makaɗa ke sara wa ba, yana da ƙungiyarsa ta mutum uku, fiyano da jita da babban gurmin nan na tsaye, ko ganga babu.

Ga abin da na nuna wa ƙanena ya yi shiru. Cole ba ya zama ya fuskanci fiyano yadda aka koya muku. A karkace yake zama, ƙirjinsa da fuskarsa na kallon kyamara, hannayen kuma na can gefe suna aikinsu kamar ba nasa ba, ko leƙa su ba ya yi. Yana rera baiti, a ɗan numfashin da ke tsakanin baiti da baiti sai hannun dama ya jefa wasu 'yan ƙwayoyi uku huɗu ya koma ya kwanta, na hagu kuma yana taɓa ƙasa kaɗan-kaɗan ba hayaniya, duk yana murmushi kamar hira kuke a zaure. Kuma kowane harafi na fita, ko Turancinka na aji uku ne za ka ji kalmomin ɗaya bayan ɗaya. Ƙanena ya ce a mayar baya, muka mayar sau uku, ya ce Yaya ai mu cika waƙa muke da kiɗa har ta rasa wurin numfashi. Na ce kai ka faɗa.

Ga makaɗa kuma, Nelson Riddle ne ke jagorantar masu busa da masu goge. Baƙin da suka zo kuwa sai ka riƙe baki, Ella Fitzgerald, Harry Belafonte, Sammy Davis Jr., Peggy Lee, Tony Bennett, Mahalia Jackson, Eartha Kitt, akwai ma wani dare da aka cika wurin da manyan 'yan jaz irin su Oscar Peterson da Coleman Hawkins. Kuma bambancin da na Sullivan shi ne baƙon ba zuwa yake ya yi nasa ya tafi ba, tare suke yi da mai gida, wannan ya ja wancan ya amsa, ka ga Sammy Davis na kwaikwayon muryar Cole a gabansa shi kuma yana dariya. Mutanen nan da kuɗinsu ya fi ƙarfin shirin sun yarda an biya su mafi ƙarancin abin da ƙungiyar ma'aikata ta yanka, don kawai kar shirin ya mutu.

Ya mutu ɗin dai. Ba don ba a kallo ba, don babu kamfani ko ɗaya da ya yarda ya ɗauki nauyinsa a faɗin ƙasa, suna tsoron in aka ga sunansu a shirin baƙar fata Turawan kudu za su daina sayen kayansu. Sai 'yan ƙananan talla na yanki-yanki, irin giyar Rheingold a New York, sauran kuɗin NBC ce ke cikawa daga aljihunta, har shi Cole da kansa ya ce a tsaya haka. Maganar da ya yi bayan nan ta shahara, ya ce Madison Avenue, wato layin da kamfanonin talla suke a New York, tsoron duhu suke. Ka tuna kuma watanni kaɗan kafin a fara shirin, a Afrilu 1956, wasu farar fata suka haura dandamali suka kai masa hari yana tsakiyar waƙa a Birmingham ta jihar Alabama, jihar da aka haife shi. In ka san wannan sai murmushin nan nasa ya canza maka kama, ka gane mutum ne da ya san ana jira ya yi kuskure ɗaya. Ba shi ne ma baƙar fata na farko da ya samu shirin kansa ba, Hazel Scott, ita ma gwanar fiyano, ta yi nata a tashar DuMont a 1950, wata uku aka rufe bayan an sa sunanta cikin waɗanda ake zargi da kwaminisanci. Kuma duk wannan fa an yi an gama tun talabijin bai zo Najeriya ba, don Ibadan sai 1959, Kaduna 1962.

To in aka ajiye su gefe da gefe fa? A yawa da bambancin kaya Sullivan ya yi gaba, za ka shekara kana tona ba ka ƙare ba, na Cole kuwa in ka dage a sati biyu ka cinye abin da ke akwai. A tsabtar hoto da sauti ma Sullivan ne, na Cole duk baƙi-da-fari ne, yawanci mutane ne kawai suka ɗora, wani da shuuu a sautin, wani an yanke masa kai ko gindi, yau yana nan gobe an sauke, don haka in ka samu mai kyau ka adana shi. Amma a yawan kiɗan da za ka samu a kowane minti, wanda shi ne lissafin mai sayen data da kuɗinsa, Cole ya ba shi rata mai nisa, rabin awarsa kusan duka waƙa ce, ba biri ba kare. Sannan a Sullivan mawaƙi a tsorace yake, minti uku aka ba shi rayuwarsa ta dogara a kai, shi ya sa za ka ga wuta amma ba za ka ga sakewa ba, a shekarun baya-baya ma wasu a kan kiɗan da aka riga aka naɗa suke rerawa. A Cole kuwa mutane ne a gidan ɗan'uwansu. Wanda ke son ya ba da labari a majalisa ya ce na ga ranar da Beatles suka shiga Amurka, Sullivan. Wanda ke son hannunsa ko muryarsa ta ƙaru, Cole, ba ni da shakka a wannan.

Sauran fa, don na san YouTube zai turo maka su ko ba ka nema ba.

Your Hit Parade ya fi sauran ban sha'awa a wurina, ba don daɗinsa ba sai don dabararsa. Daga rediyo ya taso tun 1935, ya shigo talabijin a 1950 ya ƙare a 1959, Lucky Strike ke ɗaukar nauyi. Kowace Asabar za a kawo waƙoƙi bakwai da suka fi tashe a makon, amma ba masu waƙar ke zuwa ba, shirin na da mawaƙansa na dindindin, su Dorothy Collins da Snooky Lanson da Gisele MacKenzie da Russell Arms, su ke rera na kowa. To in waƙa ta yi wata biyu tana tashe dole kowane mako a ƙirƙiro mata sabon wasa, yau a jirgin ruwa, mako mai zuwa a kurkuku, na gaba a kicin, har ka ga dabara ta ƙare musu sun fara kame-kame. Wannan ya yi aiki lokacin da waƙar ce ake so ko wa ya rera. Da kiɗan rok irin na Elvis ya shigo sai yara suka ce su mai waƙar suke so ba waƙar ba, ka ga babban mutum da kwat da tsagar gashi yana ƙoƙarin rera abin Elvis, abin kunya abin dariya, kamar a ba limamin unguwa waƙar gala. Ka kalli ɗaya na wajen 1952 da ɗaya na wajen 1957 ka ga yadda kasuwa ke barin mutum yana tsaye, biyu sun isa. In da yara a kusa ka lura, tallar sigari a cikinsa ba iyaka, mawaƙan da kansu ke yi.

Perry Como shi ne wanda ya fi kusa da Cole a salo. Mai aski ne daga wani ƙaramin gari Canonsburg a jihar Pennsylvania kafin waƙa ta ɗauke shi, ya shiga talabijin tun ƙarshen 1948 da shirin Chesterfield, ya yi na minti 15 a CBS, a 1955 ya koma NBC da na awa guda, a 1959 Kraft suka ɗauke shi da kwangilar dala miliyan 25. Ka ga bambanci ko, murya mai sanyi iri ɗaya, tasha ɗaya, shekaru ɗaya, wani kamfanoni na layi a ƙofarsa wani ko ɗaya babu. Shi Como sanyinsa har ya yi yawa, suwaita zai saka ya hau doguwar kujera ya rera kamar yanzu ya tashi daga barci kuma yana shirin komawa. Akwai sashen da ake karanta wasiƙun masu kallo ya rera abin da suka roƙa, zaɓi-sonka dai sak. In dare ya yi kana son abin da zai kwantar maka da hankali ya yi, amma koyon kiɗa ba za ka samu abin da ke wurin Cole ba, shi waƙa ce tasa ba kiɗa ba.

Dinah Shore ita ce ta mata, minti 15 daga 1951, daga 1956 zuwa 1963 kuma babban shiri mai kala da Chevrolet suka ɗauki nauyinsa har 1961, da rigunanta masu faɗi, a ƙarshe ta sumbaci tafin hannu ta wurgo wa masu kallo. Telolin mata za su ƙaru da ɗinki a nan fiye da makaɗa. Milton Berle na Texaco kuwa, wanda ake ce wa Mista Talabijin don shi ya sa mutane suka yi ta sayen akwatin tun 1948 saboda daren Talata, barkwanci ne zalla da ihu da shigar mata, in ba ka son ganin ƙato da jan baki da siket ka wuce, kuma rabin barkwancin ma ya tsufa ba ya ba da dariya.

Lawrence Welk ne ya taɓa cin min data ya kuma fasa min leɓe. Na sayi ta dare na sauke shiri guda cikakke don na ga ya daɗe, daga tashar Los Angeles a 1951, ABC daga 1955 zuwa 1971, ya ci gaba da kansa har 1982, na ce abin da ya yi shekara 31 ai ba banza ba. Na kwanta na ɗaga waya sama, ga kumfar sabulu na tashi a bayan makaɗa, ga akodiyon, wannan abin da ake matsawa ana saki kamar zugazugin maƙera, ga tsofaffi na rawa biyu-biyu a hankali, kowa na murmushi kamar an yi masa allurarsa, ban san sanda wayar ta suɓuce ta sauka min a baki ba. Gaskiya makaɗansa ƙwararru ne kuma shi ne mafi tsabta a duka, za ka kalla da kakarka ba ka nemi rimot ba, amma ba na mai jini a jika ba ne. American Bandstand na Dick Clark, da ya bazu ƙasa daga Philadelphia a Agusta 1957, shi kuma faifai ake sakawa yara na rawa, mawaƙin in ya zo motsa baki kawai yake, makaɗi ba abin da zai tsinta.

Wani zai ce ai ba sai an zaɓa ba, a kalli duka. Mai wayafai a ofis ne ke wannan maganar. Ni abin da na tsara wa ƙanena shi ne daren farko ya nemi Cole shi kaɗai a bakin fiyano, na minti 15 ɗin nan na farko-farko, ya sa abin kunne ya bi hannun hagu kawai. Dare na biyu wanda Ella Fitzgerald ta zo, na uku na 'yan jaz. Sai ya gama da waɗannan ya shiga tashar Sullivan, kuma ya shiga da sunayen da yake nema a rubuce a takarda, Elvis na 1956, Beatles na 1964, James Brown, Supremes, Jackson 5, in ya gama ya fita kafin ɓeran nan ya kama shi. Ita kuwa matata da ba ruwanta da wane ya iya fiyano, Sullivan na ba ta kai tsaye, kuma mai farantin ta fi so, ta ce aikinta ne na safe aka ɗauka a bidiyo.

Jiya yaron ya turo min saƙon murya ƙarfe ɗaya na dare, ba sallama ba komai, sai ƙarar fiyano, yana gwada zaman nan na karkace yana rera wata waƙarsa ta Hausa, ya kuskure sau biyu ya ja tsaki, a ƙarshe ya ce Yaya wuyana ya riƙe, kuma datata ta ƙare, ka turo min ko ta ɗari biyar ce.